Na Sa Mijin Yayata Ya Sake Ta a Gaban Kyamara

Zuwa ga Hajiya Rahinatu, mai kula da filin shawarwari,

Assalamu alaikum. Hajiya, ki taimaka mani. Ni matashi ne mai digirin farko a fannin nazarin wasan kwaikwayo, na kammala hidimar ƙasa, kuma ina cikin 'yan ƙalilan a birnin Katsina da suka fahimci bambancin fasaha da shirme. Maƙasudin wannan takarda shi ne neman matsayarki a kan wani ta'addanci da aka yi wa jikina da sana'ata.

Yayata Furera da mijinta Sammani sun daɗe suna wasan barkwanci da ake kallo a waya. A matsayin miji da mata suke fitowa, da sunayensu na gaskiya, ba su kuma san rubuta labari ba. Rigimar da suka kwana da ita suke ɗaukowa su juye a gaban kyamara. Ta kira shi mai kan ƙwarya, ya kira ta rediyon unguwa, ta jefe shi da silifa, ya goce, a ƙarshe a same shi yana lashe kwanon miyarta. Jama'a na dariya, amma a mahangar ilimi wannan zubi ne maras ƙololuwa. Saboda haka na karɓi ragamar aikin, na rubuta masu cikakken fim, na kori kayan roba daga dandali, na kawo muciya da taɓarya na haƙiƙa, domin tsantsar gaskiya ita ce ruhin fasaha.

A fitowa ta ƙarshe na rubuta cewa maigida zai dubi matarsa ya ce, "Furera, na sake ki." Sammani ya yi ta noƙewa, wai duk tsiyar da suke yi bakinsa bai taɓa kusantar wannan kalma ba. Na shafe yini ina wayar mashi da kai cewa dandali duniya ce mai dokokinta. Ita kuwa Yaya na ɓoye mata shafin, bisa wata dabara ta manyan daraktoci, domin kyamara ta kama firgici na asali.

Ranar ɗauka, a tsakar gidansu da ke Ƙofar Marusa, ya faɗa a sanyaye. Yaya ta zaci sabon shaƙiyanci ne, ta tuntsire da dariya, ta ce ko akuya mai mura ta fi shi murya. Na ce a sake. Ya maimaita, sai wani mai babur ya danna oda a ƙofar gida, sauti ya lalace. Na ce a sake. A karo na ƙarshe, da yake ta riga ta tunzura shi, ya daka mata ita da tsawar da ta girgiza ni. Ban taɓa ganin gwaninta irin wannan ba. Ina shirin tafawa sai wata maƙwabciya da ke leƙe ta katanga ta rafka salati, ta ce uku ke nan cif.

Hajiya, abin da ya biyo baya ba ya cikin rubutuna. Fuskar Yaya ta canza. Ta ɗauki muciya ta sauke wa mijinta a goshi, jini ya wanke mashi ido har gemu. Shi kuma, maimakon ya fuskanci wadda ta fasa mashi kai, sai ya fizge sandar makirufo ya yo kaina. Duka ɗaya haƙorina na gaba ya faɗi a ƙasa. Yaya ta wurga taɓarya ta tarwatsa gilashin kyamarar haya. Daga nan suka haɗu a kaina, shi da sanda, ita da murfin tukunya, suna tambayata ko a sake. Tunda aka ɗaura masu aure ban taɓa ganin sun yi ittifaƙi a kan wani abu ba sai a kan haƙarƙarina. Ta katangar baya na haura, takalmi ɗaya.

Yanzu Yaya tana gidanmu a Ƙofar 'Yandaka da 'ya'yanta, ba ta ci, ba ta magana, ita da ba a taɓa jin bakinta ya huta ba. Sammani yana zuwa da ɗinki a goshi ya tsaya bakin lungu, ya kasa shiga. Babban wanmu Garba ya rantse in ya kama ni sai ya karya hannun da na yi rubutun da shi. Inna ta daina amsa gaisuwata, wannan kam ya fi haƙorin ciwo. Ina ɓoye a ɗakin wani aboki, kuma katin kyamarar da hoton yake ciki yana aljihuna, bai ko ƙwarzane ba.

Tambayoyina su ne: shin in saki fim ɗin ranar Juma'a kamar yadda na sanar, tunda ita ce fitowa mafi ƙarfi da aka taɓa ɗauka a garin nan? Shin in maka su a kotu? Kuma ta yaya zan fahimtar da dangi cewa saki na dandali ƙagaggen al'amari ne? Ina buƙatar amsa a rubuce kafin ranar Alhamis, sha biyu ga wata.

Naki,
Daraktan da Aka Zalunta

*

Wa alaikumus salam, ɗana.

Sannu da jiki. Ka fara zuwa asibiti a duba bakin da haƙarƙarin. Ba wanda yake da ikon dukanka haka, kuma muciya a goshi ba barkwanci ba ce. Da ta sauka a ido, da yanzu wani zancen ake. Ka gaya wa kawunku ko wani dattijo da Garba yake jin nauyinsa ya taka mashi burki tun yau. Sammani ma ba yaro ba ne. Bakinsa ne ya furta, ya san nauyin kalmar, ya bari ƙanin matarsa ya rinjaye shi.

Amma ka karanta takardarka da kyau. Mutanen nan suna da iyaka guda da suka tsare shekara da shekaru, ita ta sa faɗansu ya zama abin dariya. Kai ka tura shi ya ƙetare ta, ka ɓoye wa yayarka, ka bar sunanta na gaskiya a cikin jimlar. Firgicin da kake yabo, firgicin mace ne da ta ga aurenta yana rushewa a gaban maƙwabta.

Ni ba malama ba ce, ba zan ce maka auren ya mutu ko yana nan ba. Maƙwabciyar ma ba ita ke yanke hukunci ba. Abin da na sani, malamai suna tsoratarwa ƙwarai a kan wasa da kalmar saki, kuma sukan bincika yadda aka furta da dalilin furtawa. Don haka ku tafi gaban malami masani ko alƙali, kai da su biyun da waliyyinta. Ka kai rubutun da hoton gaba ɗaya, ba tare da yanke ko daƙiƙa ba. Ka faɗa da bakinka, da ƙananan kalmomi, cewa kai ka rubuta, kai ka matsa mashi, kai ka ce a maimaita. Wannan shaida kai kaɗai ke da ita. Kafin a yi hukunci, kowa ya zauna inda yake.

Kada ka saki fim ɗin, ko Juma'a ko bayanta. 'Ya'yan yayarka za su girma su gani. Kotu kuwa haƙƙinka ce, amma ni da zan jinkirta ta har a san makomar gidan.

Ka ba ni wa'adin Alhamis, ga shi na cika. Nawa wa'adin ya fi naka kusa: gobe da safe ka durƙusa gaban Inna, sannan ka nemi gafarar Furera, ko da ba ta ɗago ta dube ka ba. Allah Ya ba ka lafiya, Ya sanyaya zukatansu, Ya sa a samu mafita ta halal ga wannan gida.

Hajiya Rahinatu