Turakun Safiyo a Garken Kawuna

Assalamu alaikum Malam Edita da masu karatu. A sakaya sunana, kuma don Allah masu wa'azi su ajiye wa'azinsu, na sha shi har ya fara fito mini ta hanci. Shawara nake nema.

Ni ɗan kamasho ne a tasha, a bakin Rigasa muke zaune. Sabuwar hanyar kwalta da ake ja ta biyo ta kan gonakinmu da gidajenmu, har da na tsohuwata. Safiyo masu awon ƙasa suka zo suka kakkafa turaku masu jan fenti da lamba, wai nan katafila za ta bi. Mutanen unguwa suka kai ƙara babbar kotu, kawuna Alhaji, yayan tsohuwata, shi ne kan gaba. Alƙali ya ba da oda: kada kamfanin da ke aikin hanyar ya tono ko cokali ɗaya na ƙasa, mu ma kada mu taɓa turke ko ɗaya sai an gama shari'a. Kawu ya miƙe a gaban alƙali ya ce ya ɗauki nauyin kowa.

To ku san waye Kawu. Mutum ne da in ka gaishe shi sai ya duba agogo kafin ya amsa. Rawaninsa kaɗai ya isa a yi wa masallaci labule. Ranar da aka yi taro a ƙofar gidansa na ɗaga hannu zan yi magana, sai ya ce, "Kai ɗan tasha, nan maganar masu ƙasa ake, ba lodin Zariya ba. Matsa daga kan tabarmar." Aka kwashe da dariya, har da masu cin bashin goro. Ni da nake sa tasha guda dariya, yau ni ake yi wa? A gaban surukina?

Ranar Juma'a, kowa ya tafi masallaci, ni ban je ba, kuma kunyar wannan ta fi damuna, na bi layin na tuttumɓuke turakun da suka ratsa bayan gidansa. Na haura garkensa, na cire turakun ragunansa na kiwo, na kafa na safiyo, na ɗaure kowane rago a lambarsa. Wallahi sun yi kyau, kamar ma'aikatan gwamnati a layin albashi. Niyyata ya fito ya gani ya tsorata, unguwa ta samu abin dariya na mako guda. Ina na san fomanin kamfani zai riga shi gani ta kan katanga? Ina na san yana yawo da mai hoto?

Aka kawo wa Kawu sammaci, wai ya raina kotu. Na je na zauna can baya. Lauyan kamfani ya ɗaga hoton rago yana tuƙa a jikin turken gwamnati, har magatakarda sai da ya sunkuyar da kai. Alƙali bai yi dariya ba. Ya ce, "Alhaji, kai ka ce ka ɗauki nauyi. Ragunan ne suka ɗaure kansu?" Kawu ya ce, "Ranka ya daɗe, ina masallaci." Ba zan ɓoye muku ba, na ji daɗi har cikin ƙashina. Ina ma da an ƙara masa.

Daɗin bai kai ni ƙofa ba. Alƙali ya ce ranar Litinin ko Kawu ya kawo wanda ya yi, ko shi ya tafi gidan yari. Lauyan kuma ya roƙi a janye odar, tunda mu muka fara karya ta. In aka janye, katafila za ta shigo, kuma ɗakin tsohuwata ne na farko a layi. Jiya ta riƙe hannuna tana cewa, "Kai da ka san 'yan iskan garin nan kaf, ka nemo mana wanda ya cire turakun nan mana. Allah ya isa tsakanina da shi." Na ce amin, Inna. Me kuke so in ce?

Yanzu Kawu ya sa mai unguwa ya yi shela: jibi bayan sallar Juma'a duk namijin unguwa zai yi alwala ya dafa Alƙur'ani ya rantse. Ni na yi ƙarya iri-iri, na taɓa rantse wa fasinja cewa motar da ba ta da birki sabuwa ce, amma ban taɓa dafa Littafi a kan ƙarya ba, kuma hannuna ba zai iya ba. In na ƙi zuwa, an gane. In na faɗa, samarin unguwa za su yi mini laga-laga kafin ɗan sanda ya iso, sannan in je in durƙusa wa mutumin da har yanzu ban ga abin ba shi haƙuri ba. Shi ya fara, kuma ko yau ba na ƙaunar ganin rawaninsa.

Amma ɗakin Inna fa? Jama'a, jibi ne. Me zan yi?