Waƙar da na tsara ta sa gwaggona ta ajiye waƙa

Anti, ki taimake ni, mako uku ke nan na kasa zama wuri ɗaya. Gyaran waya nake yi a kasuwar Kafanchan, amma hankalina yana kan kiɗa. Shekara uku da suka wuce na karanta labarin wani mai tsara waƙa ɗan Japan da ya fara daga ɗakinsa, kwamfuta ke rera masa abin da ya rubuta, har masu finafinan katun suka neme shi. Na ce ni ma hanyar da zan bi ke nan. Na samo manhajar da ke rera waƙar, da ƙyar na sa ta furta Hausa.

Sai matan zumunta na cocinmu suka roƙe ni sabuwar waƙar godiyar girbi. Na tsara, kwamfuta ta rera, na tura wa Gwaggo Milka, ƙanwar babana, wadda ta shekara ashirin da shida tana ba da waƙa mata suna amsawa. Mako biyu tana bin waƙar a waya, har a gonar citta. Ranar Lahadin godiyar, a tsakiyar baiti na biyu numfashinta ya ƙare. Mai buga tulu ta tsaya, matan suka rasa inda za su shigo da amshi, wasu a baya suka yi dariya.

Da na sake saurare sai na gane ban bar wurin jan numfashi ko ɗaya ba, don kwamfuta ba ta numfashi. Gwaggo ta ce tsufa ne, ta miƙa wa Clara, ɗaya daga cikin matan, jagoranci. Ni kuwa na yi shiru. In na faɗa, wa zai ƙara ba ni waƙa? Wani lokaci sai in ji kamar in tattara in tafi Kaduna.

Mai gyaran waya, Kafanchan

Ɗan'uwa, tsoronka yana da dalili: a coci magana ba ta kwana. Ban ga laifin burinka ba, ko na manhajar. Kuskuren aiki ne, irin wanda mai tashi daga rubuta wa na'ura zuwa rubuta wa mutum zai iya yi. Shirun ne laifi. Baiwar Allah tana zaune ta yarda muryarta ta ƙare, kai kaɗai ka san ba haka ba ne.

Kada ka aika saƙo. Je gidanta, ka rera baitin da bakinka yadda ka tsara shi. Za ka shaƙe inda ta shaƙe, ta gani da idonta. Sannan ka miƙa mata takardar ta yanka layukan inda take son numfasawa, ta fi ka sanin wannan. Ka maimaita bayanin a gaban matan zumunta, tunda a gabansu ta ji kunya. Batun jagoranci kuwa tsakaninta da Clara ne, kada ka sa baki.

Wataƙila su ja baya da kai na ɗan lokaci. Ka jure, ka je kafin Lahadi mai zuwa. Allah ya ba ka ƙarfin hali, ita kuma ya sanyaya mata zuciya.