Zaman Kan Akwati

Zuwa ga 'yata Tasya,

Gaisuwa mai yawa. Ya Mosko, ya jikokina? Ni lafiya lau nake a tsibirin Sakhalin, tari ne kawai, likitan ne mai zuzutawa.

Jiya na gan ki a wani fim a talabijin, kina zaman shirun da ake yi bisa al'adarmu kafin tafiya, kan akwati, ke da wani mai gemun ƙarya, wai babanki. Grisha abokin gadina ya ce, "Tsoho, an ƙwace maka 'ya!" Ranar tawa tafiyar zuwa nan, ɗaukar fim ta hana ki zuwa. Ban manta ba.

Amma da na lumshe ido, ni ne a gefenki, dusar ƙanƙara tana sauka a hankali, marigayiya uwarki tana zuba shayi.

Za su kwantar da ni asibiti. Na ce ba inda zan je sai kin zo mun zauna kan akwati. Allah ya yi miki albarka.

Babanki,
Yefim