Gyaɗar da Aka Soya Rana Ɗaya

Zuwa ga ƙanena Auta,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan wannan takarda za ta same ka lafiya, kai da mai ɗakinka da yara. Allah Ya ƙara maka haƙuri da ɗawainiyar gida, Ya raya mana zuri'a. Ni ma ina nan da sauƙi, sai ciwon bayan nan da sanyin ɗakin ajiyar madara ya sa mini. Na ji 'yarka ta fara tafiya. Allah Ya sa ta fi ubanta saurin zuwa aike.

Saƙo ya iso. Direba ya kawo mini ƙullin gyaɗa ranar Laraba, ya ce ka ce Inna ta soya ta ranar da zai taso. A kan wannan magana na zauna rubutu, don in na kira waya kana da dabarar sa yara su yi ta gaishe ni har lokaci ya ƙare.

Ka san ɗan tsiron nan da ke ƙarƙashin harshena, wanda Inna ta raɗa wa suna agogo. Kai ka daɗe kana cewa iya shege ne, ban kuma taɓa jin haushinka ba, don likitan kamfani ma da ya leƙa cewa ya yi tsoka ce kawai, in ina so a yanke. Amma shugaban sashenmu bai yarda a yanke ba. Duk tankar madarar da ta shigo, ni ake miƙa wa cokali kafin a kai ta na'ura, in ce wannan awa tara da tatsa, wannan ta kwana. Shekara shida ban kuskure ba, shekara shida kuma ko kujerar zama ba su ba ni ba. Yadda abin yake, in na sa abu a baki, bayan ɗanɗano akwai wani abu da ke biyo baya kamar igiyar guga. Sabon abu igiyarsa gajeriya ce. Tsoho kuwa sai in yi ta ja kafin in ji ƙarshe. Ba ka da wayo lokacin da na faɗa a gaban baƙi cewa miyar da aka kawo musu ta shekaranjiya ce. Inna ta ranƙwashe ni har sau biyu, da baƙin suka tafi ta buɗe bakina ta duba, ta yi dariya har da hawaye, ta ce ta haifi wanda ba za a taɓa yi wa ɗumame a ɓoye ba.

To, Auta, gyaɗar nan ba ta kwana biyar ba ce. Watanta huɗu da kwana biyar. Wadda ta zo kafin ita, da na ci na ji wata biyu da kwana biyar, na ce wataƙila mura ce ta taɓa mini baki. Na ajiye kaɗan daga kowane ƙulli a gwangwani. Jiya na jera su uku a kan tebur, na kuskure baki, na bi su ɗaya bayan ɗaya. Igiyarsu ɗaya ce, ba wadda ta fi wata ko da yini. Rana ɗaya aka soya su. Hannun kuma nata ne, ban yi shakka ba: gishirin nan da take ɗan zarcewa, da gefe ɗaya da ke ƙonewa saboda kaskonta ya karkace ta ƙi a sake mata wani. Ke nan wata huɗu da suka wuce Inna ta zauna ta soya gyaɗar da za ta ishe ni rabin shekara ko fiye, matar da ko ta mako ba ta yarda ta ajiye. Tun daga ranar kuma ba ta sake ɗora kasko ba.

Ruwa ba ya tsami banza. Na kira, matarka ta ce Inna tana barci, da rana tsaka, Innar da ke cewa barcin rana sana'ar malalaci ce. Na sake kira, ka ce ta leƙa maƙwabta. Sau biyu da aka ba ta wayar, daga lafiya lau sai Allah Ya yi albarka, sai na ji an karɓe. Na tambayi direba ko ya gan ta da idonsa, ya ce a ƙofar gida ka tare shi, ya kama duba tayarsa.

Ban ce mugunta ka yi ba. Ni na tafi na bar maka gida da tsohuwa da rufin da ke yoyo, kai ka san abin da ka gani. Na san kuma lissafinku: in aka faɗa mini zan taho, in na taho aiki ya tafi. Wataƙila ma Inna ce ta sa ka rantse. Ranar da zan bar gida ta ce bakinta ba zai taɓa ce mini in dawo ba, kada wata rana in ce ita ta tare mini hanya, kuma ka san ba ta haɗiye magana. Amma ka yi tunani. Duk duniya wa ya fi Inna sanin abin da ke ƙarƙashin harshena? Da ɓoyewa take so, da matarka za ta sa ta riƙa soya sabuwa, in yaso in yi ƙorafin gishiri. Ta san sarai zan ji. Kai ta ba ka ƙulli ka aika, ba ka san takarda ka ɗauko ba.

Na nemi hutu, shugaba ya ce ba yanzu ba. Na ajiye masa cokalinsa a kan tebur. Zan biyo direba in ya juyo, kwana biyar muna hanya, wannan takarda da zan ba wata mota za ta riga ni da kwana biyu ko uku. Abu ɗaya nake roƙo: kada ka tare ni a ƙofar gida da labari. In tana kwance, ka faɗa mini tun ina hanya. In kuma abin ya wuce haka, ka faɗa, ba yaro ba ne ni.

Ka gaishe da Gwaggo, da Kawu mai gyaran keke, da Yaya Babba da mutanen gidanta, da mai ɗakinka, ka ce mata ban riƙe ta ba. Inna kuwa, in tana ji, ka sunkuya daidai kunnenta ka ce agogo ya ce saƙo ya iso. Na san akwai ƙulli na huɗu a ɗakinta. Kada ka aiko, a gabanta zan ci.

Yayanka,
Mai Agogo