Muryarki a Ɗakin Guga

Yayata abar ƙaunata,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Yaya ƙarfin jiki? Yaya maigidan da yara? Allah ya ƙara sauƙi.

Ni dai ina nan, aikin otal ɗin ne kullum: zanen gado, tawul, tururin guga. Ɗakin wankin a ƙasa yake, ba taga, sai wani tsohon rediyo a kan kanta. Abokan aikina ba su da laifi, amma ana tashi kowa ke kama gabansa.

Jiya gidan rediyo ya tuno waƙoƙin da suka fi tashe a shekarar da muke amshi, a waƙoƙin fina-finai, daga ta goma har ta ɗaya. Waccan da kike cewa kamar an sa akuya a situdiyo ita ce ta huɗu. Na yi ta dariya ni kaɗai. Da aka zo ta ɗaya, Yaya, sai ga tamu. Mai gabatarwa ya yabi mawaƙin, ya yabi makaɗa, 'yan amshi ko oho. Ban damu ba. Can sai muryarki ta hau sama, tas, kamar kina tsaye a bayana. Rabona da jin ta tun da ciwon nan ya kama miki harshe.

Na ce wa matar da ke kusa da ni, wannan yayata ce. Ta ce madalla, ta miƙo mini bakin zanen mu ninke.

Ki gaida kowa.

Ƙanwarki,
Auta

Yayata,

Ina gaisuwa, ina kuma yi miki sannu.

Amsar babbar 'yarki ta iso. Ta ce ta karanta miki wasiƙata, ta nemo waƙar a waya ta kunna miki. Wai kin lumshe ido, leɓenki na motsi daidai wurin amshinki, daga baya kika juya kika kalli bango.

Ta kuma faɗa mini abin da ban sani ba. Ashe duk kiran da nake yi a ce kina barci, idonki biyu. Ke kike ture wayar, don kada in ji yadda maganarki ta koma.

Haba Yaya. Ni ce fa. A garin nan ba wanda ya san ni ina ƙarama, ba mai ce mini Auta. Na kan yi yini ban yi magana da kowa ba sai gaisuwa.

Ranar Lahadi ina hutu, zan kira da hantsi. Ba sai kin ce komai ba. Ki dai riƙe wayar, ni zan yi surutun.

Allah ya ba ki lafiya.

Taki har kullum,
Auta