Takardar Gidan Batulu

Gadarif, 9 ga Nuwamba, 1989

Zuwa ga Batulu, uwar Safiya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kina lafiya, ke da mutanen Mafaza duka. Yaya jikin Inna? Allah ya ba ta sauƙi, ya ba ki ladan jinya.

Shekaranjiya na dawo daga Simsim. Mun yanke riɗin kafin ya zube, amma bayana ya faɗa mini shekaruna hamsin da takwas ne, ba talatin ba. Lemunki na tsakar gida yana nan da rai. Ruwa nake saya wurin masu tura kura ina zuba masa, har maƙwabta suna cewa na fi kula da shi a kan kaina.

Kin rubuto cewa za ki turo ƙanenki Lawal ya ɗauko miki akwatinki na ƙarfe. Kada ki wahalar da shi, hanya ba kyau. Ki ba ni mako biyu, akwai wani ɗan aiki da nake yi a banki, in ya ƙare ni da kaina zan kawo.

Mijinki, Harisu

Gadarif, 27 ga Nuwamba, 1989

Uwar Safiya,

Sallama da gaisuwa. Ina tambayar lafiyarki da ta Inna. Na yaga takarda uku kafin wannan, na gaji, bari in faɗa kawai.

Takardar gidan nan namu da Babanki ya bar miki ba ta cikin akwatin. Shekara uku ke nan tana banki, ni na kai ta jingina. Kin tuna takardar wakilci da kika sa mini hannu lokacin rabon gado, don kada ki yi ta yawon ofisoshi? Da ita na yi. Na gaji da zama wakilin gonar wani, na so in yi hayar fili a Simsim in shuka nawa. Na ce damina ɗaya ce, in mayar da takardar gidan wurinta ba ki sani ba. Shekarar farko ruwa ya ɗauke, ta biyu tsuntsu ya cinye dawar. Azumin nafila da kika ga na tsananta a bara har kina yaba mini, kuɗin abincin rana nake tarawa.

Bana Allah ya rufa asiri, na biya su har kwabon ƙarshe. Na je da sabuwar jallabiya in karɓo takardar. Sau shida ina zuwa, na san kowane benci na wurin. Jiya manaja ya zaunar da ni ya ce wakilcin nan ya tsufa a wurinsu, ba za su warware jingina su miƙa takarda ba sai a hannun mai sunan da ke kanta. Na ce da za su karɓa ba su nemi ganinki ba. Ya ce wancan manajan daban ne. Na roƙa, na kawo maƙwabcinmu Alhaji Gado ya shaide ni, duk a banza.

Don haka sai kin zo da kanki. Ba zan yi miki ƙarya ta biyu ba, da sun ba ni, da ban taɓa faɗa miki ba. Wannan ya fi bashin ci mini rai. Ina jin kunyarki, Batulu, kuma ina tsoro.

Ki gaida Inna. Kada ki gaya mata tukuna.

Harisu

Gadarif, 8 ga Disamba, 1989

Uwar Safiya,

Assalamu alaikum. Ina fata kin isa lafiya, lorin bai jijjiga ki da yawa ba, kuma kin tarar da Inna da sauƙi.

Har yanzu ina mamakin ranar Talata. Abin da na yi wata guda ina bi, ke kika gama kafin shayin manaja ya huce. Kin sa hannu, kin naɗe takardar a bakin mayafinki, ba ki ɗaga mini murya ba. Da kin zage ni a gaban mutane da na fi samun sauƙi.

A bakin tasha ne kika ce mini tun shekarar farko kin buɗe akwatin kin ga babu, kuma kin san azumin nan na mene ne, shi ya sa kike ƙara mini tuwon dare. Kin ce jira kike in faɗa da bakina. Shekara uku muna cin abinci a tsakar gida ɗaya, ni ina ɓoyewa, ke kina jira, kuma a ƙarshe banki ne ya sa na yi magana.

Da na koma gida na tarar kin bar akwatin a kan gado, a buɗe, makullin a jiki. Ban taɓa shi ba. Gidan naki ne, takardar tana hannunki, babu wanda yake da haƙƙi a kansa yanzu sai ke. Ina so ki rubuto mini abu ɗaya: in ci gaba da zama a ciki, ko in nemi ɗaki a Simsim? Duk wanda kika ce zan yi.

Lemun ya fara fure. Kafin amsarki ta zo zan ci gaba da ba shi ruwa.

Ki gaida Inna da Lawal. Wassalam.

Mijinki, in kin yarda,
Harisu