Mayyar Kwali

Ogoja, Jihar Kuros Riba.

Zuwa ga ƙanwata A'i,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kuna lafiya, ke da Inna da duk 'yan hayar gidanmu. Ni ina nan ina bautar ƙasa da bautar garin rogo, har na fara manta kamannin tuwo.

Ɗanlarai direba zai ba ki wannan takarda tare da wani kwali. Kada ki bari Inna ta hura wuta da shi, wasa ne. Abokan hidimata ne ke yin irinsa a nan, ni kuwa na zauna na mayar da shi irin namu. Na zana gari a kan kwalin, gida-gida, kowane ɗan wasa zai ɗora marfin kwalba a gidansa. Sai a raba kati a kife. Duk katunan "mutumin gari" aka rubuta, in ban da ɗaya mai "maye". Mai shela zai ce gari ya yi barci, kowa ya rufe ido. Maye kaɗai zai buɗe nasa ya nuna wanda zai cinye, mai shela ya kife marfinsa. Idan aka buɗe ido, wanda aka cinye ya zama gawa, ba ya magana. Sauran su yi ta tuhumar juna har su haɗu a kan mutum ɗaya su kore shi daga gari. In maye suka kora, sun ci. In marar laifi ne, a sake rufe ido.

Daɗin abin shi ne za ki ga wanda kika sani shekara da shekaru yana kallon ƙwayar idonki yana sharara ƙarya. Ke kam ba za ki taɓa ci ba, tunda hancinki ke buɗewa in kin fara taki.

Ki gaida Inna, ki ce ta sa ni a addu'a.

Yayanki,
Sabitu.

*

Gwallameji, Bauchi.

Yaya Sabitu,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya, Inna tana amsawa, ta ce ka daina cin abin da ba ka san sunansa ba.

Kwalinka ya hana gidan nan aiki. Da na dawo daga koyarwa aka yi la'asar, sai a shimfiɗa tabarma a gindin dogonyaro. Habila tela yana barin kekensa, Matta matarsa tana barin tukunya a wuta, har maƙwabta sun fara leƙowa. Inna ce kaɗai ba ta so. Ta ce ba a yawan kiran sunan nan a cikin gida, da rufe ido da rana tsaka kamar masu jiran mutuwa. Amma tana zama a ƙofar ɗakinta tana jin komai.

Ka yi gaskiya, ban iya ba. Gwanar ita ce Mojisola, ƙawata mai atamfa a kasuwar Muda Lawal. Duk ranar da katin maye ya faɗo hannunta ni take fara cinyewa, don tsokana. Ana buɗe ido sai ta dafe ƙirji, "Wayyo A'i, wane marar imani ne ya cinye mini ke?" Wallahi har da hawaye. Sai ta juya ta nuna Habila, ta ce ta ji motsin rigarsa, a taru a kore shi. An kori bawan Allah nan ya fi a ƙirga. Shekaranjiya ya tashi a fusace, ya kakkaɓe wando, ya ce, "Wanda ya iya abin nan haka, ba yau ya fara ba." Muka yi dariya, ita ma ta yi. Amma jiya da Moji ta aika musu da alale, na ga Matta ta juye wa kaji.

Akwai abin da ba ka gaya mini ba. Gawa ba ta rufe ido. In an cinye ni, zaune nake ina kallo, kowa ya sunkuyar da kai, Moji kaɗai ta ɗago tana bin fuskokinsu ɗaya bayan ɗaya, tana zaɓe. Ba ta murmushi a lokacin. Tare muka girma a garin nan, ban taɓa ganin wannan fuskar tata ba, kuma na ji tsoro.

Zan tsaya nan, kaina ke sarawa tun safe. Ka huta lafiya.

Ƙanwarka,
A'i.

*

Gwallameji, Bauchi.

Malam Sabitu,

Ina gaishe ka da aiki. Ni ce Mojisola, matar Tunji, ta ɗakin kusa da rijiya. Ka yi haƙuri da na rubuto maka, ba ni da wanda zan gaya wa.

A'i tana kwance. Ni na kai ta asibiti, suka ce taifot ne, suka ba da magani, suka ce sai an yi haƙuri kafin ya kama jiki. Da Inna ta ga zazzaɓin bai sauka ba, ta aika ƙauyen Inkil aka kira Gwaggo Fatu. Gwaggo ta zuba wani abu a kaskon wuta, ta lulluɓe A'i da bargo a kan hayaƙin, tana tambayarta, "Wa ya kama ki? Faɗi sunansa." Ina tsaye a bakin ƙofa da kunun da na dama mata. A'i ba ta cikin hayyacinta. Ta ce, "Moji ce. Kullum ni take fara ci."

Malam Sabitu, ka san maganar wasa take. Na faɗa musu. Habila ya ce ai shi ya daɗe da faɗa. Matta ta ce ta ga hawayena a wasa, ta ga hawayena yanzu, ba ta ga bambanci ba. To me zan yi? In na yi kuka, sun ce na iya. In na yi shiru, sun ce na amsa.

A kasuwa maƙwabciyar rumfata ta janye kujerarta. Ana jifan kwanon ɗakina. Tunji ya tafi Legas sarin kaya, bai dawo ba. Habila ya dawo da kekensa cikin zaure, ya ce ba zan fita da kaya ba sai na saki kurwar A'i. Gwaggo ta ce in tsallake A'i a gaban mutane, shi ke nan magana ta ƙare.

A Bauchi aka haife ni. Inna ce ta yi mini wankan jego. Don Allah ka rubuto mata, kai ka yi kwalin nan, kai za ta ji.

Na gode.
Mojisola.

*

Ogoja.

Anti Moji,

Na samu takardarki, kuma tun da na karanta ban iya cin abinci ba. Ina roƙonki gafara a kan abin da hannuna ya jawo miki.

Ki ji ni da kyau: kada ki tsallake ta. Ko sun roƙe ki, ko Inna ta durƙusa miki, kada ki yarda. Maganin asibiti zai yi aikinsa ko da ke ko ba ke. In kika tsallake ta sannan ta tashi, ba wanda zai tuna da ƙwaya, za su ce mayya ta saki kurwa, kuma sun samu shaidar da suke nema. Maganar ba ƙarewa za ta yi ba, farawa za ta yi.

Ga takarda nan na haɗo ta Inna, ga ta Kawu Modibbo. Shi malami ne, ba ya yarda da irin wannan, kuma Gwaggo tana jin nauyinsa. Na nemi izinin tahowa, shugabanmu ya ce sai ƙarshen wata. Ina ci gaba da roƙonsa.

Ki riƙa kulle ƙofarki. A ƙona kwalin. Allah ya fitar da ke.

Naki,
Sabitu.

*

Gwallameji.

Yaya,

Salamu alaikum. A ɓoye nake rubutun nan, in ka ga layi ya karkace, a kwance nake.

Takardunka sun iso a makare. Kawu Modibbo ya zo tun kafin su, ya yi wa'azi mai ratsa jiki, ya ce zato zunubi ne. Kowa ya ce na'am, aka raka shi bakin titi. Yana hawa acaɓa Gwaggo ta ce a fito da ni.

A tsakar gida suka shimfiɗa ni, rana tana dukan fuskata. Mata sun cika gidan, samari a kan katanga. Moji ta fito da zane ɗaya, ba ɗankwali, ba takalmi. Ba wanda ya ja ta. Inna ce ta riƙe ƙafarta tana kuka, tana cewa, "Ki taimake ni, 'yata, ita kaɗai ce mace gare ni." Moji ta tsallake ni, ta juyo, ta sake tsallakewa. Aka ba ta ruwa ta kuskure baki a ƙwarya, aka ɗaga kaina aka ba ni. Da ta sunkuyo sai ta ce mini a hankali, "Ki ci gaba da shan ƙwayarki." Ina so in ce mata ban san na kira sunanta ba, amma ta riga ta miƙe ta koma ɗakinta.

Yaya, washegari zazzaɓin ya sauka.

Ban gaya wa kowa ba. Na ji samarin da kunnena ta taga, suna cewa jira suke, in na tashi to ta tabbata, su kuma sun san abin da ake yi wa mayu. Saboda haka ban tashi ba. Ina nishi in an shigo, ina juyar da kai in an kawo abinci, ina ɗora goshina a jikin bangon da rana ta gasa kafin Gwaggo ta taɓa ni. Ka ce ban iya ƙarya ba, to ga shi ina koyo. Abin da nake so kawai Tunji ya dawo da mota da 'yan'uwansa, su fitar da ita zuwa Jos. Ɗanlarai ya ce ya aika masa.

Amma abin da wuya. Yunwa nake ji irin wadda ban taɓa ji ba, ƙamshin miya yana sa ni hawaye. Kuma Inna. Zama take a gefena tana shafa ƙafata tana karatu, ta rame, ta daina cin nata tunda ba na cin nawa. Tana ganin 'yarta na mutuwa, ni kuwa lafiyata ƙalau, ina kallonta ta ƙasan ido. In na gaya mata, ba za ta iya ɓoyewa ba.

Akwai wani abu, kai kaɗai zan faɗa wa, kada ka yi mini faɗa. Lokacin da ƙafar Moji ta wuce ta kaina, na ji wani nauyi ya sauka daga ƙirjina. Na san ƙwaya ce, lokacinta ne ya yi. Na sani sarai. Amma na ji, kuma tun daga ranar in ta wuce ta bakin tagata sai in samu kaina na runtse ido. Ina jin kunyar kaina. In ni da nake sonta haka nake, ina ga Habila?

Ka yi mana addu'a.

A'i.

*

Yaya,

Yau da hantsi Inna ta fita gaisuwar maƙwabta. Na kasa daurewa, na lallaɓa madafa. Ta dawo ɗaukar carbinta, ta same ni a tsaye da ƙafafuna, ina kankare ƙanzon tukunya da hannu biyu.

Na yi tsalle in toshe mata baki, ban kai ba. Ta rangaɗa guɗa. Ba ta nufi kowa da sharri ba, Yaya, murna take yi.

Tunji bai iso ba. Moji ta kulle ɗakinta ta ciki. Zaure ya cika da maza, kuma ba wanda ke ɗaga murya. Duk wadda ta shigo sai ta ce mini barka da arziki, sannan ta juya ta kalli ƙofar kusa da rijiya.

Zan je in zauna a bakin ƙofar. Ban san ko za su ji kunyata ba. Ka taho, ko da izini ko babu.

Ƙanwarka da ta warke,
A'i.